Ranar da aka ɗora ɗana bisa sikelin albasa

Har in koma ga Ubangijina ba zan taɓa mantawa da abin da bakina ya jawo mini a gaban duwan ba, wato ofishin kwastan.

Zamanin soja ne. Ɗana Idi shi ke tuƙa jirgin sama na soja can Kutonu, kuma duk Malanville ba wanda bai ji haka daga bakina ba (har kurman bakin gada sai da na kwatanta mishi da hannu). Kwatsam sai ga Idi da jaka. Wai lokotoro, likitansu na soja, ya karɓe takardar lafiyarshi: ƙiba ta yi yawa, jini ya hau. Wata uku aka ba shi ya rage, in ba haka ba, shi da jirgi sai kallo.

Ya ce, "Inna, dafaffen kifi da ganye kawai. Ba mai, ba gishiri."

Na ce to. Amma ku duba mini fa. Ɗana ya zo gidana ya rame? Mi matan kasuwa za su ce? Sai na riƙa narka man shanu ina tsiyayawa ƙarƙashin ganyen, inda ido ba ya kaiwa. Bawan Allah kullum ya yi gudu a hanyar Garou, ya dawo ya suɗe kwano yana cewa, "Inna, ke ko ruwa kika dafa daɗi gare shi." Ni ko ina ta hura hanci.

Da wa'adi ya cika, lokotoron soja ya biyo rangadi. Sikelin asibiti ya lalace, sai aka tafi na duwan, wanda ake auna buhun albasa. Na ci ado na bi su. 'Yan dako, jandarma, fatake, kowa ya taru.

Idi ya hau. Kilo shida ya ƙaru!

Lokotoro ya ce, "Mi kake ci?"

"Ganye, wallahi."

Sai Lamso mai tuwo, wadda muka daɗe ba ma shiri, ta ɗaga murya: "Ganye ba ya yin wannan wuya. Gidan wata yake zuwa ci a ɓoye, girkin uwar bai gamshe shi ba."

Ni? Girkina? Ban san lokacin da na ratsa mutane ba. Na dafa ƙirji na ce, "Ƙarya kike! Wannan wuya man shanuna ne, kwalba huɗu, da hannuna na zuba!"

Idi yana bisa sikeli, ya juyo a hankali.

"Inna... man mi?"

Wallahi da ƙasa ta tsage da na shige. Lokotoro ya yi dariya har da hawaye, sannan ya ƙara mishi wata biyu, bisa sharaɗi guda: barikin soja zai riƙa ci, ko ruwan gidana kada ya sha. Wata biyu cur ana nuna ni a kasuwa. Takarda dai ta dawo, ya koma jirginshi, siriri abin tausayi.

Abin da na koya shi ne, in za ki yi ɓarna a ɓoye, to kada ki kasance mai son a yaba aikinki.