Jarumin Takardar Awara

Wani ne a Kusada, kullum da la'asar sai ya sayi awara wurin Jamilatu. To ita Jamilatu wani tsohon littafin zane ta samu, irin na Turawa mai jarumai masu rufe fuska, tana yagar shi tana ƙunshe awara. Mutumin naku ba ya jin Turanci, sai dai ya bi hoto. Yau shafi ɗaya, gobe ɗaya, duk mai ya jiƙa su.

A ciki akwai jarumi, akwai wani mahaukaci mai yawan dariya yana ta kashe mutane. Jarumi ya kama shi, ya ƙi kashe shi, ya kai shi gidan mahaukata. Ya tsere. Ya sake kisa. A kamo, a kai, ya tsere.

Abin ya tsaya mashi a rai, har gona ya daina zuwa.

"Jamilatu, don Allah me ya sa ba ya kashe shi?"

"Wa?"

"Mahaukacin mana!"

"Malam, ta nawa za a zuba maka?"

Ya yi ta tunani har ya gano da kanshi: in jarumi ya yi kisa, shi ma ya zama mahaukaci. Kuma ga Kusada ba ta da jarumi ko ɗaya. Shi ke nan! Ya huda hular sanyi ido biyu ya ja ta har wuya. Ya ɗaura buhun taki a baya. Ya sa gajeren wando a kan dogo, yadda ya gani a hoto.

Saura mugu. Ya zaga gari kaf, babu. Sai Bube, mahaukacin bakin tasha, wanda ko kaza bai taɓa kora ba.

Bube na zaune yana shan rake, sai ga mutum ya diro daga bishiya, tim! Da baya ya sauka.

"Ƙaryarka ta ƙare!"

Bube ya ce, "Sannu. Ka ji ciwo?"

"Kada ka yi mani daɗin baki! Na san nufinka. So kake in kashe ka in zama irinka. To ba ni kashe ka!"

"Na gode."

"Ni da kai duhu ɗaya ne a cikinmu!"

"To. Za ka sha rake?"

"Kankia zan kai ka, gidan malam mai maganin mahaukata. Na san za ka tsere. Duk wanda aka kai tserewa yake. In sake kamo ka!"

Bube ya miƙe ya kakkaɓe riga. "A mota? Ni dai kusa da taga."

Suka isa Kankia. Ƙartin gidan malam suka fito. Suka dubi ɗaya, yana tsaye lafiya lau da rakenshi, har da sallama. Suka dubi ɗayan, buhu a baya, wando kan wando, ido biyu na zare-zare ta cikin hula.

Ba su ko yi tambaya ba. Caraf!

"Kai! Ba ni ba ne! Ni ne jarumin!"

Malam ya ce, "Allah sarki. Ya daɗe a haka?"

"Bube! Gaya masu gaskiya! Gaya masu abin da na ce maka!"

Bube ya tofar da ɓawon rake, ya ce, "Malam, ku sa mashi mari biyu a ƙafa. Shi da bakinshi ya ce mani duk wanda aka kawo tserewa yake."