Fuskata a Cikin Taɓon Lagdo

Ba zan taɓa mantawa da Baturiyar nan 'yar Finlan ba. An ce shahararriyar mai shirya fim ce a ƙasarsu, ni kuwa na zaci irin na soyayya da rawa. Ashe nata babu jarumi babu labari. Sai ta kafa kyamara a gaban matan da ke bandar kifi a Lagdo, ta yi awa guda tana ɗaukar hayaƙi. Goggona, wadda ke cikin matan, ita ta samo mini aikin tafinta saboda Faransancin da na kwaso a lise, wato sakandare (shi ne aikina na farko, kuma na ci buri a kansa).

Madam, kamar yadda muke kiranta, ba ta amfani da waya. Da zaren fim take aiki, irin na da, tana wanke hotunan da kanta a cikin bokiti. Wata rana ta ɗauke ni hoto, ta wanke, ta ɗaga zaren a rana, na ga fuskokina ƙanana a jere. Sai ta naɗe shi, ta tona rami a bakin ruwa, ta binne, ta ɗora dutse.

Jama'a, fuskata! A ƙasa!

Ta dai yi bayani, wai laka ce za ta ci hoton ta yi masa zane. Ni na fassara wa mata haka da bakina, amma ni kaina ban yarda ba. Kwana uku ba na iya cin abinci. Goggo ta ce, "Ke 'yar nan, boko ya toshe miki kai? Wa ake binnewa da rai in ba sammu ba?" Na lallaɓa na tono zaren, muka dirje shi da gishiri da soso.

Ranar tonowa Madam ta tara mata, ta kunna kyamara, ta ɗaga dutse. Wayam. Ta zauna daɓas a laka, don ba ta da wani kwafi. Can sai Goggo ta yi gyaran murya: "Gaya mata ke kika sace, tsoro ya sa ki." Madam ta juyo, ta ce me tsohuwar take cewa?

Haka na tsaya na fassara tonon asirina, kalma bayan kalma, sannan na zaro zaren daga haɓar zani.

Ta daɗe tana duba shi a rana. Ina jiran kora, sai ta rungume ni, wai soso ya fi laka iya zane.

An haska shi a bangon wani zaure a Garwa: fuskata ƙatuwa, duk a kakkarce, baki buɗe, 'yan ajinmu a sahun gaba suna shewa. Yanzu yana can Finlan ana kallo. Da na bar fuskata a rami, da ni da laka kaɗai muka sani.