Littafin da Na Zaci Ya Ƙare a Tashar Jirgi

Ba na jin zan taɓa mantawa da ranar da na tsaya gaban mutum uku ina neman aikin koyar da adabin Turanci a wata sakandare a nan Tamale. An ce kowa ya zo da littafin da yake so, ya yi magana a kai minti goma. Na san sauran masu neman aikin duk sanannun littattafai za su ɗauko, ni kuwa so nake in burge.

A unguwar Sakasaka, wajen wani mai shimfiɗa gwanjon littattafai a bakin titi, na samu wani tsohon littafi mara bangon baya. Wata Baturiyar Ingila ce ta rubuta shi, wadda ban taɓa jin sunanta ba. Gabatarwar ta ce a gidan waya ta yi aiki a wani ƙauye, tana jinyar uwarta, tana rubutu kafin ta fita aiki da safe, har ta mutu ba a san da ita sosai ba. Na ce yawwa, wannan ba mai kama ni a kai.

Labarin wata tela ce da ke son barin ƙauyensu. Kwana biyu na karance shi. A shafin ƙarshe tana tsaye a tashar jirgin ƙasa da akwatinta, jirgin ya taho, shi ke nan. (Na ma yi ƙwalla, in faɗa muku gaskiya.)

Ranar da na tsaya gabansu, na zuba bayani. Na ce gwanintar matar nan ita ce ta ƙi gaya mana ko telar ta hau jirgin, ta bar mu a tashar da gangan don rayuwar mace haka take. Har hannu na ɗora a ƙirji.

Shugabar kwamitin, wata dattijuwar Hajiya mai tabarau, tana ta gyaɗa kai. Da na gama ta ce an karanta musu littafin nan a kwalejin horon malamai, ta ji daɗi da wani ya tuna da shi. Sai ta miƙo hannu ta karɓi nawa, ta juya bayansa, ta shafa zaren ɗinkin da ke lilo.

"'Yata, saura babi huɗu. Ta hau jirgin, ta buɗe shago a birni, har ta dawo ta ɗauki uwarta."

Ɗaya daga cikin mazan ya kama tari. Ni dai na ce, "Na gode, Hajiya," kamar kyauta ta ba ni.

Ban samu aikin ba a shekarar. Amma bayan sati Hajiyar ta aiko mini da nata kwafin, cikakke, kuma babi huɗun nan sun fi duk surutun da na yi daɗi. Yanzu in na ji bakina ya fara zaƙi wajen bayanin zurfin hikimar wani, sai in tsaya in duba ko dai takarda ce kawai ta yage.