Don Girman Kujerarku, Kada Ku Warkar da Takumi

Zuwa ga Mai Girma Shugaban Sashen Wasan Kwaikwayo, Gidan Talabijin na Hoshikaze.

Bayan gaisuwa da ladabi, sunana Norio. Shekarata arba'in da ɗaya, tara daga ciki a ɗaki guda na yi su, don da na doshi ƙofar gida sai numfashina ya sarƙe. Saboda haka wasanku na ranar Alhamis, na Takumi mai tsoron fita, ya shafe ni, kuma ina da 'yan koke-koke.

Na ɗaya: wa ke yi wa Takumi aski? Shekara biyar a kulle, kai a gyare tsaf. Ni da almakashin kicin nake fama, ƙeyata kuwa sai yadda hali ya yi.

Na biyu: a wane ofishi ake rabon kyakkyawar maƙwabciya mai turo wasiƙa ta ƙarƙashin ƙofa? Namu maƙwabcin tsoho ne, abin da ya taɓa turo mana shi ne ƙorafi kan yadda muke ware shara.

Na uku, kuma shi ne babba: mahaifiyata. Shekararta saba'in da shida, ta ɗauki wasanku tamkar takardar likita. Takumi ya yaye labule a kashi na uku, washegari aka cire nawa, wai za a wanke. Watan jiya na kai jakar shara bakin titi, taku goma sha huɗu, na dawo na yi amai. Shekara biyu ina shirin wannan tafiya, ba wanda ya sa mini kiɗa. Ta yaba ƙwarai, sannan ta tuna mini Takumi ya wuce nan tun a kashi na huɗu.

Jibi ne kashi na ƙarshe, an ce zai hau jirgin ƙasa zuwa bakin teku. Tuni ta sayo mini sabbin takalma ta jera a bakin ƙofa, suna fuskantar waje. Ta sayo jan wake na shinkafar biki.

Ranka ya daɗe, ku da ke warkar da mutum cikin mako goma, ku yi haƙuri wannan karon. Ku bar shi ya kai tasha ya juyo. Ku nuna uwarsa ta buɗe masa ƙofa, ta zuba masa shayi, ba ta ce uffan ba. Tawa za ta kwaikwaya, ba ta taɓa tsallake darasinku ba. In kun ƙi, ranar Juma'a da safe za ta tsaya kusa da takalman nan tana murmushi, ni kuwa ba ni da marubuci.

Naka mai matuƙar biyayya, wanda ko yaushe za a same shi a gida,

Norio Kashiwagi,
Morioka.