Ranar Da Na Yi Fassara A Gaban Mai Fim

Ba zan taɓa mantawa ba da yammacin da aka kawo min Ba'italiye har ɗaki a unguwar Hindawiyya.

Lokacin ina ɗinki a Makka, kuma duk Juma'a bayan la'asar abokai kan cika ɗakina mu kalli tsofaffin finafinan Italiya, na 'yan fashin teku da masu takobi. Ni ne mai fassara. (Tsakanina da Allah, ko "sannu" ban sani ba da Italiyanci. Fuska nake kallo in ƙaga magana.) Har Ustazun Roma suke ce min, ni kuwa kaina ya kumbura.

Sai ga Habu direban tasi ya shigo da wani dattijo fari da ya ɗauko daga unguwar Aziziyya, ya zo Umra. Dattijon ya ba mu tarihinsa da Larabci garau: da riƙe fitila a harkar fim ya fara, ya koma rubuta labari, ya zama darakta. Wurin ɗaukar fim a hamada ya koyi Larabci, can ya musulunta. Da ya duba faya-fayanmu sai ya ɗaga ɗaya yana murna, wai nasa ne!

Habu ya ce, "Ya Shaikh, ai ga mai jin yarenku nan. Ustaz, bismillah."

Na ce maƙogwarona na ciwo, suka miƙo shayi. Aka kunna. Da jarumin ya tsaya gaban wani mai gemu, na daka tsawa yadda na saba: "Kai ka kashe ubana, yau sai na sha jininka!" Habu, sarkin shisshigi, ya mayar wa baƙon da Larabci.

Dattijon ya dube ni. "Ya waladi, ɗana, ai mai gemun shi ne uban nasa. Izinin aure yake nema."

Wayyo! Shekara da shekaru ina sa ɗa ya kashe ubansa. Ɗaki ya kece da dariya, har Habu na faɗuwa daga kujera. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige.

Dattijon ya share hawayen dariya, ya dafa kafaɗata ya ce da labarina ya ɗauka, da fim ɗin bai yi kwantai a kasuwa ba.

Har yau muna kallo, kuma ni nake fassara, don sun ce tawa ta fi daɗi. Amma yanzu duk baƙon da ya shigo, sai na tambayi garinsu da sana'arsa kafin in buɗe baki.