Yammacin da Koriya ta Kife

Ba zan taɓa mantawa da yammacin da Koriya ta kife ba, ko da tsufa ya kwashe sauran abin da ke kaina. Koriya mota ce mai koren fenti, ba mutum ba, kodayake a gidanmu na unguwar Shisha a Makka an fi tambayar lafiyarta a kan tawa.

A shekarun sittin ne abin ya faru. Ni da maigidana mun zo aikin Hajji daga Kano, ya samu tuƙin alhazai tsakanin Jidda da Makka, muka ce bari mu ƙara shekara guda, shekarar ta yi ta haihuwa. To idan alhazai suka watse aiki ya yi sanyi, direbobi sukan taru ranar Juma'a bayan la'asar a wani fili gefen hanyar Jidda, su jera gangunan mai, su yi ta zagaye su a guje. Motocin haya ne na yau da kullum, manyan nan 'yan Amurka, sai dai a cire kujerar baya a ɗaure ƙofofi da igiya. Direba kuma ya naɗe fuskarsa da rawani ya ɗora tabarau saboda ƙura, ko uwarsa ba za ta gane shi ba. Da mota ake gane mutum.

A wannan fili maigidana ya yi suna. Mai Koriya ake ce masa, har Larabawa sun iya faɗin sunan. Saboda sunan nan masu saukar alhazai suke rububin ba shi aiki, har ya ƙara motoci biyu ya ɗauki direbobi. Babbansu shi ne Usman, haifaffen unguwar Rusaifa a nan Makka, magidanci mai iyali, wanda Hausarsa take tafiya tana ɗingishi. Mu kuwa Allah bai ba mu haihuwa ba, ba mu da takardar zama, ba mu da gona. Sunan nan shi ne gonarmu.

Sai na fara lura da wasu abubuwa. In na miƙa masa shayi, hannunsa yakan wuce kofin kaɗan kafin ya dawo. Ya daina aske gemunsa da kansa. Wata rana ya dawo daga masallaci da takalmi wari da wari, ɗaya ma ba nasa ba.

"Alhaji, idanun nan fa?" na ce masa.

"Lafiyarsu ƙalau, 'yar boko. A sakandaren taku har likitanci aka koya muku?"

"An dai koya mana kallo."

"To kalli tukunyarki, tana ƙauri."

Ba ta ƙauri. Ranar Juma'a kuma ya ɗauki rawaninsa da tabaransa ya fita kamar kullum, Usman na jiransa a ƙofa. Ni kuwa kowace Juma'a a kan darduma nake ƙare ta, ina roƙon Allah kada a shigo mini da shi a cikin bargo. Mutum bai ga kofi a gabansa ba, yaya za a yi ya ga ganga yana gudu?

Da abin ya ishe ni, na je wurin Gwaggo Habi, tsohuwar maƙwabciyarmu da ke soya ƙosai tana sayar wa 'yan kallo a filin.

"Ke 'yar nan, can ba wurin mata ba ne," in ji ta. "Ni ma tsufa ne ya yankar mini lasisi."

"Gwaggo, wuta kawai zan dinga iza miki. Ko tari ba zan yi ba."

"Kin rantse?"

Na ce na yi alkawari. (Allah na gode maka da ban rantse ba, da har da kaffara a cikin labarin nan.)

Na rufe fuskata ruf, na tsuguna bayan kaskon Gwaggo. Maza cike da fili, wasu a kan rufin motoci, ana ta "Yalla! Yalla!" Aka saki motoci. Na ga Koriya ta fita kamar an harbo ta, mutane na kiran sunan mijina, ni kuma ina karanto duk addu'ar da na sani har da ta shiga kasuwa. Ta sha kwana lafiya, ta sake sha. A zagaye na gaba wata farar mota ta matse ta, tayar baya ta daki ganga, sai na ga cikin Koriya ya kalli sama.

Daga nan ban san wadda ta tashi daga bayan kaskon nan ba, amma an ce ni ce. Na yi fatali da itacen Gwaggo, na keta tsakiyar maza a guje, takalmi ɗaya ya tsaya a hanya, mayafi ya bi iska. Kuma ina gudu ina kwarara sunansa. Sunansa na yanka, wanda tun ranar da aka kai ni ɗakinsa bai taɓa fita daga bakina ba. (A nan ma ba zan rubuta shi ba. Wancan karon ya isa.)

Na tarar an jawo direban ta taga an kwantar a ƙasa. Na ture wani Balarabe, na zube, na ɗora kan mutumin a cinyata ina kuka ina cewa, "Sai da na faɗa maka ba ka gani! Sai da na faɗa maka!" Na fizge tabarau, na warware rawani don ya sha iska.

Usman ne.

Ya buɗe ido ya gan shi a cinyar matar ubangidansa, ya zabura kamar an ɗana masa garwashi, yana kirana Khala, wato inna da Larabci. "Khala! Ana ne, ni ne Usman! Aib, Khala, saki ni!"

Filin ya yi tsit. Ka san irin shirun da har kana jin man mota na ɗiga? Ga ni zaune a ƙasa, kai ba ɗankwali, ƙafa ɗaya ba takalmi, rawanin mijina a hannuna, kan wani ƙato yanzu ya bar cinyata. Na roƙi ƙasa ta tsage, ta ƙi. Sai wani daga baya ya yi tambayar da ta fi kifewar motar ciwo: "To ina Mai Koriyan?"

Daga bayan tankar ruwa ya fito. Tsohuwar jallabiya ce a jikinsa, ya rufe fuska da wani ƙyalle. Ashe tun farkon kakar nan can yake zama shi kaɗai, yana sauraren tseren da kunne, Usman na tuƙi da rawaninsa da sunansa. Ya taho wajen da ya ji muryata, hannu ɗaya a gaba yana lalube. Ya yi tuntuɓe da igiyar ganga, ya tashi, ya ci gaba. Mutanen da suka yi shekaru suna yi masa tafi suka dare suna kallo, ba wanda ya iya ko motsi.

"Usman ya fito?" Abin da ya fara tambaya ke nan. "Yana numfashi?"

"Alhamdu lillah, ya Ammi, hannu bas, hannu kawai," in ji Usman, wanda ke kiransa Ammi, wato baffa, yana riƙe da hannunsa da ya goce.

Sai ya cire ƙyallen da ke fuskarsa, wanda shi kaɗai ya rage masa na sutura a wurin, ya lalubo kaina ya rufe mini. Ya ce a hankali, "Tashi mu je gida. Riƙe ni, ban san inda hanyar take ba."

Haka muka ratsa taron, ni ina ɗingishi da takalmi ɗaya, shi yana dafe da kafaɗata. Gwaggo Habi ce ta biyo mu da ɗaya warin tana cewa, "Wannan shi ne ko tari ba za ki yi ba?"

Na daɗe ban leƙa waje ba. Matan unguwa in sun shigo gaisuwa sai su tambaye ni, da fuskar tausayi, yaya jikin Usman. Wannan mai sauƙi ne. Mai wuyar shi ne aikin Hajjin da ya biyo baya, da masu saukar alhazai suka fara cewa sun riga sun yi magana da wasu. Ba wanda yake son ɗora baƙinsa a motocin makaho, ko da ba shi ke tuƙi ba. Aka sayar da mota ɗaya, daga baya aka sayar da ta biyu. Koriya ce kawai ya hana a taɓa. Aka gyara ta, Usman ya ci gaba da tsere da ita da fuskarsa a sananne, shi kuma maigidana a kai shi a ajiye kan benci a gaban kowa, ya karkata kai yana saurare. In an dawo ya ce, "Ka makara da sa giya a kwana ta biyu, na ji ta tana kuka." Usman ya ce, "Wallahi sahih."

Bai taɓa yi mini faɗa ba, kuma da ya yi da na fi samun sauƙi. Sau ɗaya na durƙusa na ce ya yafe mini, ni na tona masa asiri, ni na kashe mana kasuwa. A lokacin ganinsa ya riga ya tafi gaba ɗaya. Ya yi 'yar dariya.

"Ai na gaji da zaman bayan tankar nan, sauro ne da ita. Abu ɗaya ne dai ya tsaya mini. Shekara da shekaru ina jira in ji sunana a bakinki, ranar da kika faɗa kuma wani ƙato kika faɗa wa."

Na yi dariya ina hawaye. A Makka ya rasu, a nan aka binne shi, Allah ya jiƙansa ya haskaka masa kabarinsa fiye da yadda duniya ta haskaka masa.

Abin da na koya kuwa, na koye shi da tsada. Ni mai gani ce, har alfahari nake yi da hakan, na ga kofi na ga takalmi, amma ban ga cewa mutumin ya riga ni sani ba, har ya yi wa kansa dabara. Yanzu in na ga mutum ya rufe wani abu, nakan tsaya in tambayi kaina wa yake suturtawa. In kuwa ya zama dole sai na ɗora kan wani a cinyata, to ina fara duba fuska.