Wa Ya Sace Yashin Mai Girma?

Shekaranjiya da ruwa ya janye na ɗauki laujena da bokiti na gangara bakin teku tonon kawa, 'yar halittar ruwan nan mai ɓawo da ake ci, kamar yadda nake yi tun kafin furfura ta san hanyar kaina. Sai na tarar da gaɓarmu fara fat. Na tsaya ina murza ido, don gaɓar da na sani baƙa ce ƙirin tun ranar da masana'antar nan ta juyo mana da bakin bututunta.

Maƙwabciyata Shadliya ce ta warware mini. Wai Mai Girma Uban Tekuna, Allah ya ƙara wa kujerarsa laushi, zai zo ƙaddamar da shirin tsabtace gaɓa, shi ne aka kwaso yashin sahara tifa-tifa aka lulluɓe dattin. Bututun kuwa an shafe shi da shuɗin fenti, an jera masa tukwanen fure. Yana ta amansa dai, amma cikin kwalliya.

To jama'a, kawa a cikin laka take, ta wasu 'yan ramuka take numfashi, su muke bi mu tono ta. An binne ramukan da yashi har gwiwa. Da kawar nan nake sayen garin kuskus da man zaitun da maganin hawan jinin maigidana. Ba ni da wata gona.

Jiya aka yi taron. Aka jera mu mata, aka raba mana sababbin bokitai da sharaɗin mu mayar in an tashi, aka ce kowa ta ɗaga lauje ta yi murmushi. Mai Girma ya yi jawabi, ya ce jikokinmu za su gode masa. Ni kuwa na fito daga layi. Wani mai baƙin tabarau ya tare ni, wai Inna koma wurinki. Na ce ɗan nan matsa, lauje ne a hannuna kuma idona ba ya gani sosai. Ya matsa.

Na ce, "Ranka ya daɗe, yashinka ya yi kyau. Yaushe za ka aiko a kwashe abinka? Abincina na ƙarƙashinsa."

Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce mutanen bakin teku akwai raha. Aka tafa. Ya ce kwamiti zai duba, sannan ya dafa kafaɗata aka ɗauke mu hoto. Shadliya ta ce na fito a jarida, wai tsohuwa tana godiya. Allah ya isa.

Kafin garin yau ya waye iska ta taso, teku ta lashe yashin nan tas. Dattin ya dawo lafiya lau. Kawata ce kawai ba ta dawo da rai ba, ga ta nan zube a gaɓa baki buɗe, wari har cikin unguwa.

Ina tsaye a kanta sai ga Si Belgasem ɗan sanda, yana sosa ƙeya. Wai daga sama an ce an sace yashin gwamnati, kuma ana zargin mata masu bokiti.

Na ce, "Na san ɓarauniyar, a gabana ta ƙarasa kwashewa."

Ya gyara tsayuwa. Na nuna masa teku.

Ni dai a biya ni kawata, a toshe bututun nan. Ita kuwa teku in za ku kama ta, ku zo da likita, don ta daɗe ba ta da lafiya.